Shin Kukan Halittun Teku Da Ake Ji A Finafinai Na Gaskiya Ne?

 Wasiƙar da muka zaɓo a wannan mako ta fito ne daga hannun wani mai sauraronmu, malamin makaranta a garin Yawuri. Bayan gaisuwa da fatan alheri, sai ya ce shi da ɗalibansa sukan kalli finafinan nan na talabijin da ake nuna rayuwar kifaye da sauran halittun teku, to gardama ta sarƙe a tsakaninsu. Waɗansu sun ce duk ƙarar da ake ji a ciki ƙarya ce, wani ne ya zauna a ɗaki ya haɗa abinsa, tunda kifi ba ya magana, makirufo kuma ba ta shiga ruwa. Waɗansu kuwa sun ce a'a, abin da ido ya gani shi kunne ya ji. Saboda haka yake roƙo mu raba gardama, mu kuma yi bayanin yadda ake ɗaukar sauti a ƙarƙashin ruwa, in har ana yi.

To Malam, mun gode da wannan tambaya. Amsar a taƙaice ita ce, kowane ɓangare na ɗalibanka yana riƙe da rabin gaskiya. Ana ɗaukar sauti a ƙarƙashin teku, an kuma daɗe ana yi. Amma ba duk abin da ka ji a cikin fim ne aka ɗauko daga teku ba. Bari mu bi abin daki-daki.

Da farko dai, teku ba wurin shiru ba ne. A sarari sauti yana tafiyar kimanin mita 340 a cikin daƙiƙa ɗaya, a cikin ruwan teku kuwa yana yin wajen mita 1,500, watau ya ninka fiye da sau huɗu ke nan. Tun a shekarar 1826 waɗansu masana biyu, Daniel Colladon da Charles Sturm, suka auna wannan a tafkin Janiba. Suka tsai da jiragen kwale-kwale biyu nesa da juna da dare. A ɗaya aka buga ƙararrawa a cikin ruwa, a daidai lokacin aka kunna albarushi, a ɗayan kuma aka zura wani dogon ƙaho cikin ruwa ana saurare. Daga ganin walƙiyar albarushin zuwa jin ƙararrawar suka yi lissafi, suka sami mita 1,435 a daƙiƙa. Haske kuwa ba ya nisa a ruwa. Da an wuce zurfin mita 200 sai ɗan dishi-dishi, ƙasa da mita 1,000 kuwa duhu ne baƙi ƙirin. Mu a tudu mukan ce gani ya kori ji, to a can ƙasa ji ne ya kori gani. Da sauti halittu da yawa suke neman abinci, su nemi abokin aure, su kori abokin gaba, su kuma gane hanya.

Abin da ya sa mutum yake zaton shiru ne, kunnenmu don iska aka yi shi. In ka nutse, sautin yakan bi ta ƙashin kai ya isa kunnuwan biyu kusan lokaci ɗaya, sai ka ji abin a dushe, ka kuma kasa gane ta inda yake fitowa. Har shahararren mai nutson nan na Faransa, Jacques Cousteau, fim ɗinsa na 1956 wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes, sunan da ya sa masa ma'anarsa ita ce duniyar shiru. Amma kai Malam da kake bakin kogin Kwara, tambayi kowane masunci labarin ƙurungu. In aka fito da shi daga ruwa yakan yi wani kuka ƙiiƙ-ƙiiƙ, kuma da ƙayar gefen jikinsa yake yin sa, yana goga gindinta a mahaɗar ƙashi. A cikin ruwa ma haka yake yi. Ya zuwa yanzu masana sun tabbatar da jinsin kifaye kimanin 1,000 masu fitar da sauti. Waɗansu haƙora suke cizawa, waɗansu kuwa suna da jakar iska a ciki wadda tsoka take kaɗawa kamar fatar ganga.

To da me ake ɗauka? Gaskiyar ɗalibanka ne, makirufo irin wadda nake magana da ita yanzu ba ta aiki a ruwa. Akwai wata dabam da ake kira haidurofon, mu ce da ita makirufon ruwa. Asalinta ya komo ga wani abu da 'yan'uwa biyu Faransawa, Jacques da Pierre Curie, suka gano a 1880, cewa akwai waɗansu duwatsu masu ƙyalli waɗanda in an matsa su sukan fitar da 'yar wutar lantarki. Sauti a ruwa kuwa matsi ne da saki, matsi da saki. Saboda haka sai a ɗauki ɗan guntun irin wannan dutse, ko tangaran da aka sarrafa ya yi aikinsa, a lulluɓe shi da roba yadda ruwa ba zai shiga ba, a ɗaura masa doguwar waya zuwa rakoda. Duk sautin da ya taɓa shi sai ya zama lantarki, rakoda ta naɗe. Waɗansu girmansu bai wuce babban ɗan yatsa ba.

Ba don kifi aka ƙera wannan na'ura ba, don yaƙi ne. A lokacin Yaƙin Duniya na Farko aka dage a kanta domin farautar jiragen ƙarƙashin ruwa na Jamus, inda wani masani Bafaranshe, Paul Langevin, ya taka rawa sosai. A Yaƙin Duniya na Biyu kuwa sai sojojin ruwa suka gamu da abin mamaki. A shekarar 1942, na'urorin da Amurka ta dasa a bakin mashigin Chesapeake don gadin gaɓarta suka cika da wata ƙara kamar ana fasa titi, har aka yi zaton makircin abokan gaba ne. Da aka bincika, ashe garken wani kifi ne mai gurnani ya shigo. A tekuna masu ɗumi kuma masu saurare suka riƙa jin wata ƙara ba dare ba rana, kamar an zuba ɗanyen nama a tafasasshen mai. Wannan kuwa aikin wani ɗan jatan lande ne wanda tsawonsa bai wuce santimita 5 ba. Sai a shekarar 2000 masana a Jami'ar Twente ta ƙasar Holan suka nuna da kyamara mai saurin gaske cewa in ya datse ƙugiyarsa yakan harba ruwa da ƙarfi har kumfa ta fito, fashewar kumfar ce take ba da ƙarar.

Yanzu sai mu zo kan muryar da ta fi kowace shahara a irin waɗannan finafinai, watau ta babbar dabbar tekun nan da Larabawa ke kira hutu, Turawa kuma su ce wel. Ko da yake ana ce mata kifi, haihuwa take yi ta shayar, kuma iska take shaƙa. A 1949 William Schevill da Barbara Lawrence suka ɗauki kukan wani farin jinsinta a kogin Saguenay na ƙasar Kanada. Daga baya, wani injiniya mai suna Frank Watlington, wanda yake wa rundunar ruwan Amurka aikin saurare a tsibirin Bamuda, ya riƙa jin waɗansu muryoyi masu ban tausayi a na'urarsa tun a shekarun 1950, ya yi ta naɗewa yana ajiyewa. Wajen ƙarshen shekarun 1960 ya ba masanin dabbobi Roger Payne da matarsa Katy. Da Payne da abokin aikinsa Scott McVay suka zauna suka zana sautin a takarda, sai suka ga ashe tsari gare shi: baiti-baiti ne, ana bi ɗaya bayan ɗaya, in an kai ƙarshe a sake komawa farko. Mai wannan waƙa shi ne wel mai doro, kuma maza ne kaɗai suke yi. Waƙa ɗaya takan ɗauki minti 10 zuwa 20, a yi ta maimaitawa sa'o'i. Dukkan mazan yanki ɗaya waƙa iri ɗaya suke yi, kuma tana sauyawa sannu a hankali daga shekara zuwa shekara.

Ka ji abin da ya biyo baya. A 1970 Payne ya fitar da waɗannan muryoyi a faifan garmaho, aka sayi fiye da kofi 100,000. A 1977 aka sa kaɗan daga ciki a faifan zinariyar da kumbunan Voyager biyu suka tafi da shi sararin samaniya. A watan Janairu na 1979 mujallar National Geographic ta liƙa wa kowane kofinta ɗan faifai mai laushi, fiye da miliyan 10. A wancan zamani ana kashe waɗannan dabbobi dubbai a kowace shekara don mai da nama. Mutanen da ba su taɓa ganin teku ba suka ji muryar, zuciyarsu ta karaya, suka shiga matsa wa gwamnatocinsu. A 1982 hukumar duniya mai kula da farautar wel ta zartar da dakatar da farautar kasuwanci, dokar ta fara aiki a 1986. Ba faifan kaɗai ya jawo haka ba, kuma ƙasashe irin su Norway da Japan sun ci gaba da kamawa, amma kowa ya yarda ya taimaka ƙwarai. Wel mai doro na tekun da ke gabas da Brazil, waɗanda suka ragu zuwa wajen 450 a shekarun 1950, lissafin da aka buga a 2019 ya nuna sun kai kimanin 25,000.

To yaya masu shirya fim suke yi in sun fita teku? Mu ɗauki misalin shirin Blue Planet II na BBC, wanda aka nuna a 2017, David Attenborough yana ba da labari. Shekara huɗu aka yi ana aikinsa, an yi tafiye-tafiye 125 a ƙasashe 39, an kuma shafe fiye da sa'o'i 6,000 a ƙarƙashin ruwa. Duk da wannan ɗawainiya, ɗaukar sauti mai tsabta ya fi ɗaukar hoto wuya, saboda dalilai da dama.

Na farko, makirufon ruwa ba ta zaɓe. Kyamara tana iya jawo abu daga nesa ta bar sauran, ita kuwa wannan duk abin da ke kewaye take kwasowa. Dole a kashe injin jirgi, a kashe janareta, a hana kowa takawa ko ajiye cokali, domin jikin jirgi yana kai kowace ƙara cikin ruwa. Igiyar ruwa da ke marin gefen jirgi ma matsala ce, haka ita kanta wayar, in ruwa yana ja sai ta riƙa kaɗawa kamar tsirkiyar garaya. Shi ya sa ake ɗaura mata abin yawo da roba, a tura ta nesa da jirgi.

Na biyu, shi kansa mai ɗaukar hoton abin ƙara ne. Tukunyar iskar da masu nutso suka saba goyawa tana fitar da kumfa a kowane numfashi, ƙararta tana rufe komai, tana kuma korar kifaye. Don haka manyan masu wannan aiki suka koma ga wata na'ura mai tace numfashin mutum ta mayar masa, ba ta fitar da kumfa. Wani lokaci kuma sai a girke rakoda a ƙasan teku a tafi, a dawo bayan makonni ko watanni a ɗauka. A 2015 masanan Amurka sun saukar da irin wannan rakoda, a cikin kwanson ƙarfe mai tsananin ƙarfi, zuwa ramin Mariana na tekun Fasifik, wuri mafi zurfi a duniya, kusan kilomita 11. Ta yi kwana 23 tana naɗa. Da aka saurara, sai ga girgizar ƙasa, ga kukan wel, ga guguwa da ta wuce ta sama, ga kuma ƙarar farfelar jiragen ruwa.

Na uku, akwai muryoyin da kunnen ɗan Adam ba ya kamawa. Mu muna jin sautin da yake karkarwa daga sau 20 zuwa sau 20,000 a daƙiƙa. Shuɗin wel, wanda ya fi kowace dabba girma a duniya, tsawonsa yakan kai mita 30, muryarsa ta yi kaurin da wani sashenta yana ƙasa da abin da muke ji. Dolfin kuwa yana fitar da wata 'yar siririyar ƙara mai wuce sau 100,000 a daƙiƙa, yana jin amsa-kuwwarta ya gane abin da ke gabansa. To sai a ƙara wa ta farko sauri, a rage wa ta biyu, kafin mai kallo ya ji. Muryar ta gaskiya ce, amma an taɓa ta.

Wannan ya kawo mu ɗakin haɗa sauti, inda rabin gaskiyar ɗalibanka masu shakka take. In an gama yanka hotuna, sautin da za a ɗora musu hawa-hawa ne. Akwai wanda aka ɗauka tare da hoton, wannan shi ne mafi ƙaranci. Akwai wanda aka ɗauka daga irin dabbar nan ɗin, amma a wata rana ko a wani wuri, ko aka aro daga ma'ajiyar masana. Sai kuma wanda aka ƙirƙira da hannu. Wannan sana'a ana kiranta da sunan Jack Foley, wani Ba'amurke da ya shahara da ita tun farkon zamanin finafinai masu magana. Mai yin ta yakan zauna gaban allo da baho cike da ruwa, yana motsa hannu ko tsumma a ciki daidai da juyin kifi, ya busa ɗan bututu don kumfa, ya tauna ko ya karya ɗanyen kayan lambu a madadin ƙarar cin abinci. Kamar dai yadda masu wasan kwaikwayo na rediyo suke buga ɓawon kwakwa a ce doki ne ke sukuwa. A saman duk wannan kuma a ɗora kiɗa. Masu sana'ar sun ce in an bar hoto tsirara mai kallo yakan ji kamar yana leƙe ta taga. Masu suka kuma sun ce mutum ya zauna ne don ya koyi gaskiya, ya kamata a gaya masa inda aka yi ƙari.

Ga ɗan ma'aunin da za ka ba ɗalibanka, Malam. Waƙar wel, da fiton dolfin, da ƙarar nan mai kama da suya a wajen duwatsun murjani, da gurnanin kifaye, galibi na gaskiya ne, domin babu mai iya ƙirƙirarsu su fi na asali. Amma in ka ga an rage saurin hoto, kifi yana juyawa a hankali kana jin "fuuu", ka san hannu ne. In ka ga wata 'yar mitsitsiyar halitta an cika allo da ita kana jin takunta, hannu ne. In kuwa halittar can ce ta cikin duhu mai walƙiya kana jin kamar ana kaɗa ƙaramar ƙararrawa, to haske ba shi da ƙara.

Kafin mu rufe, akwai abin da waɗannan na'urori suka tono wanda ya fi gardamar fim muhimmanci. Masu ɗaukar sauti suna kokawa cewa samun wurin da babu ƙarar inji a teku yana ƙara wuya. Awon da aka yi a gaɓar Kalifoniya ya nuna daga shekarun 1960 zuwa farkon shekarun 2000, ƙarfin ƙarar jiragen ruwa yana ninkawa kusan duk shekara 10. Ita kuma wannan ƙara mai kauri ce, daidai wurin da manyan wel suke kiran juna. Bayan harin 11 ga Satumba na 2001, zirga-zirgar jirage ta ragu na ɗan lokaci a mashigin Fundy na Kanada, masana kuma suka ga alamun damuwa sun ragu a cikin kashin wani jinsin wel na yankin, wanda duka-duka ba su kai 400 ba a duniya. A watan Maris na 2000, dabbobi 17 suka faɗo gaɓar tsibiran Bahamas bayan atisayen sojojin ruwan Amurka da na'urar sauti mai ƙarfi, rundunar kuma ta amince daga baya cewa na'urarta tana da hannu.

Abin bai tsaya can nesa ba. Daga watan Yuli zuwa Oktoba, wel mai doro sukan taso daga tekun ƙanƙara na kudu su zo mashigin tekun Gini don aure da haihuwa, ana ganinsu daga Angola da Gabon har gaɓar Nijeriya da Benin. A wannan yanki kuma ake neman man fetur da jiragen da ke harba bindigar iska cikin ruwa kusan duk daƙiƙa 10 zuwa 15, kwana da kwanaki. Wani bincike da aka buga a 2014 a kan gaɓar Angola ya nuna in ƙarar harbin ta ƙaru, yawan mazan da ake ji suna waƙa yakan ragu.

Sai dai akwai labari mai daɗi. Ƙara ba kamar malalar mai ko leda take ba, da an rage ta shi ke nan ta tafi. Rage gudun jirgi kaɗai yana rage ta sosai. Hukumar sufurin jiragen ruwa ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta fitar da shawarwari kan haka a 2014, ta sabunta su a 2023, ko da yake ba dole ba ne a bi. Daɗin daɗawa, a 2019 aka buga sakamakon wani gwaji da masana suka yi a manyan duwatsun murjani na Ostiraliya. Suka ɗauki sautin wuri mai rai, suka sa a lasifika a wurin da ya mutu, sai ga ƙananan kifaye sun zo sun zauna ninki biyu na inda ba a sa ba.

Saboda haka Malam, ka gaya wa ɗalibanka kowa ya sassauta. Masu cewa an yi ƙari ba su yi ƙarya ba, masu cewa halittun teku suna da murya su ma sun yi daidai. In sun sake zama kallo, su kasa kunne su riƙa rarrabewa da kansu. Da fatan mun gamsar da kai. Sauran masu saurare kuma, ku ci gaba da aiko mana da tambayoyinku, a rubuta su a fili kuma a taƙaice. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu, a huta lafiya.